Filin Gwaggo: Wa Muke Zama Mu Ci da Shi?

Assalamu alaikum 'ya'yana da ƙannena. Da na baje wasiƙun wannan watan, sai na ga huɗu daga ciki sun taru a kan abu ɗaya, alhali masu su ba su san juna ba: abinci, da wanda ake zama a ci da shi, da wanda ake bari a tsaye. Shi ya sa na haɗa su. Na cire sunaye kamar yadda muka saba, na kuma rage inda wasiƙa ta yi tsawo. Wanda bai ga tasa ba ya yi haƙuri, tana nan a ajiye.

TAMBAYA: Gwaggo, ina gaisuwa. Ni uwa ce mai 'ya'ya huɗu, babban shekararsa 19, autar 9. Da can tare muke cin abincin dare. Yanzu ina sauke tukunya kowa zai zo ya zuba nasa ya shige ɗaki, waya a hannu. Na yi magana, maigidan ya ce in daina ɗaga hankalina, ai Alƙur'ani da kansa ya ce babu laifi a ci tare ko a ci a rarrabe. Gaskiyarsa ce? Ni dai ji nake kamar gidan ya koma masaukin baƙi.
Daga uwar 'ya'ya huɗu

AMSA: Ƙanwata, ina amsawa. Maigidanki bai yi wa Alƙur'ani ƙage ba. Maganar tana cikin Suratun Nur, aya ta 61, kuma haka take. Saboda haka kada ki ce wa yaranki suna aikata zunubi, don ba su aikata ba. Sai dai yana da kyau a san irin mutanen da aka fara yi wa wannan sauƙin. Malaman tafsiri sun ambaci wani dangi daga cikin Banu Kinana, waɗanda a wurinsu abin kunya ne mutum ya ci shi kaɗai. Sai ɗayansu ya zauna da abinci a gabansa tun hantsi har rana ta faɗi, yana jiran wanda zai sa hannu tare da shi. Irin waɗannan aka ce wa su sassauta wa kansu. Son cin tarayya ne ya yi musu yawa har yana neman kwanar da su da yunwa. Namu ciwon kishiyar nasu ne, to ta yaya maganinsu zai zama namu?

Ga wanda ya fi kusa da halin gidanki. Wasu sahabbai sun kai wa Manzon Allah (SAW) kuka cewa suna ci amma ba sa ƙoshi. Bai tambaye su mudu nawa suke dafawa ba. Cewa ya yi, wataƙila a rarrabe kuke ci? Suka ce haka ne. Ya ce su haɗu a kan abincinsu, su ambaci sunan Allah, za a sa musu albarka a ciki. Abu Dawuda ya ruwaito shi daga Wahshi ɗan Harbu.

Na daɗe ina jin hadisin nan da kunne kawai, sai da wata rana na gan shi da ido. Shekara 31 na yi ina aikin jinya. Akwai wani dattijo da aka taɓa kwantar mana, ya karye a ƙugu. Ba mai zuwa duba shi. Yadda aka kawo masa abinci haka ake ɗauke shi, ko murfin bai ɗaga ba. Mun lallasa, mun yi faɗa, mun nuna masa ƙashi ba ya haɗewa in ciki ba komai. Ya dai juya fuska bango. Har an fara maganar zura masa roba ta hanci. Wani dare muna aiki da wata abokiyar aikina, Kirista ce, mace marar yawan magana. Wajen ƙarfe biyu ta ɗauko burodinta da kofin shayi, maimakon ta zauna a teburinmu sai ta ja kujera har bakin gadonsa. Ta gutsura burodin biyu, ta ɗora rabi a kan mayafinsa, ta fara cin nata. Can ta ce, "Baba, ni ba na iya ci ni kaɗai. Ka taya ni." Ina tsaye a bakin ƙofa da allura a hannu. Ya daɗe yana kallon gutsuren nan. Sannan ya miƙa hannu, hannun na rawa, ya tsoma a kofinta ya kai baki. Da ya haɗiye sai ya ce rabon da wani ya ci abinci a gabansa tun ranar da matarsa ta rasu.

Mu duka tsaye muke a kansa, mu masu bayarwa, shi mai karɓa. Ita kuwa ta zauna, ta mai da shi mai taimako. Daga ranar muka riƙa yin karɓa-karɓa, duk mai aikin dare a bakin gadonsa take cin nata. Ba a zura robar ba.

A gaban kwano kuma ake tarbiyya. Umar ɗan Abu Salama, wanda ya tashi a hannun Manzon Allah (SAW), ya ce yana yaro hannunsa na yawo a cikin kwano, sai aka ce masa: yaro, ka ambaci sunan Allah, ka ci da damanka, ka ci abin da ke gabanka. Da a ɗaki yake ci shi kaɗai, wa zai ga hannun da ke yawo? A nan yaro yake koyon jira, da barin tsokar ƙarshe ga ƙaninsa. Ke ma a nan za ki gane wanda ya rage ci, da wanda shirunsa ya fi na kullum. Saurayi mai shekara 19 ba zai zo ya ce miki yana cikin damuwa ba, amma lomarsa za ta gaya miki.

Kada ki fara da doka, kada ki ce daga yau kullum. Ki zaɓi dare ɗaya a mako, ki dafa abin da suka fi so, ki kawo shi a mazubi ɗaya don kada a sami abin ɗauka a shige ɗaki. Wayarki ki fara ajiyewa kafin ki yi maganar ta kowa. Babban abin kuma, kada zaman ya koma kotu, inda za a tambayi sakamakon jarrabawa a tono wanda ya fasa kaza. Yara da yawa shari'ar da ake yi a kan abincin suke gudu. Maigida kuwa, kada ki je masa da hadisi a hannu kamar mai neman kayar da shi. Ki ari maganar abokiyar aikina, ki ce ba kya jin daɗin ci ke kaɗai, ya taya ki. In ya zauna, yaran za su zo.

TAMBAYA: Gwaggo, barka da aiki. Ni ɗalibi ne, Musulmi. Shekara biyu ke nan muna ɗaki ɗaya da wani Kirista, ban taɓa ganin abin ƙi a tare da shi ba. Yanzu iyayensa sun gayyace ni cin abinci. Na sha jin yana maganar gutsuttsura gurasa a cocinsu, wani abokina kuma ya ce in na ci a gidansu kamar na shiga ibadarsu ne. Mece ce ma'anar gurasar nan a wurinsu? Kuma in je ko kada in je?
Daga ɗalibi mai neman sani

AMSA: Ɗana, abokin naka ya cakuɗa abu biyu. Bari in raba maka su.

Abin da ake yi a coci sunansa Jibin Ubangiji. Asalinsa cin abincin ƙarshe da Yesu, wanda mu muke kira Annabi Isa (AS), ya yi da almajiransa a Urushalima, kamar yadda Matiyu da Markus da Luka suka rubuta a Linjilar da ke hannun Kiristoci. Sun ce ya ɗauki gurasa, ya yi godiya, ya gutsuttsura ya ba su, ya ce jikinsa ne. Luka ya ƙara da cewa ya umarce su su riƙa yin haka don tunawa da shi. Bulus kuma, ɗaya daga jagororin Kiristocin farko, a wasiƙarsa ta fari zuwa ga Kiristocin birnin Korinti, ya ce tun da gurasar ɗaya ce, masu cinta ko suna da yawa jiki ɗaya ne. To wannan ibada ce tsantsa, aƙidarsu ce dunƙule a cikin loma ɗaya, kuma ta masu wannan bangaskiyar ce. Cocin Katolika, alal misali, ba ta ba wanda ba a yi wa baftisma ba. Ba wanda zai miƙo maka ita a falon gidansu, kai ma ba za ka nema ba.

Shi kansa daren can ya faɗo ne a lokacin Idin Ƙetarewa na Yahudawa, idin da suke tuna fitar Bani Isra'ila daga Masar. Sun fita da gaggawa har kwaɓinsu bai samu ya tashi ba, shi ya sa har yau gurasa marar yisti suke ci a idin. Abin da ya fi taɓa ni shi ne yadda suke buɗe labarin: a nuna gurasar a ce wannan ce gurasar wahala da kakanninmu suka ci a ƙasar Masar, duk mai jin yunwa ya zo ya ci. Mutanen da suka ɗanɗani bauta, da kiran mayunwaci suka zaɓa su riƙa tuna ta.

Mu ma ba baƙi ba ne a wannan magana. Sura ta 5 a Alƙur'ani sunanta Ma'ida, wato teburin abinci. Daga aya ta 112 za ka ga Hawariyawa sun roƙi a saukar musu da shi daga sama, suka ce suna so su ci daga gare shi zukatansu su natsu, Annabi Isa kuma ya roƙi Allah ya zama idi ga na farkonsu da na ƙarshensu.

Dukanmu kuma a ƙofar Annabi Ibrahim (AS) muke haɗuwa. Littafin Farawa, wanda shi ne na farko a Attaura, sura ta 18, ya ce da ya ga baƙi sai ya sa Saratu ta yi sauri ta cuɗa mudu uku na lallausan gari, shi kuma ya ruga garke ya zaɓo maraƙi. Alƙur'ani a Suratuz Zariyat ya ce ya sulale wurin iyalinsa, ya zo da maraƙi mai ƙiba, ya matsar da shi kusa da su, ya ce ba za ku ci ba? Ka lura da sulalewar nan. Bai tsaya tambayar baƙo ko yana jin yunwa ba, don ya san kunya za ta sa a ce a'a. A Suratu Hud kuma, da ya ga hannuwansu ba sa kaiwa ga abincin, sai tsoro ya kama shi. Dalili kuwa, a wurin mutanen da, baƙon da ya ci abincinka ya ba ka amana, wanda ya ƙi ci ba ka san da me ya zo ba. Mala'iku ne, ba sa ci, amma shi bai sani ba tukuna.

Nauyin gayyatar da aka yi maka ke nan. Iyayen nan cewa suke yi, ɗanmu ya yi shekara biyu yana kwana kusa da kai lafiya, zo mu san ka. In ka ƙi ba dalili, abin da Ibrahim ya ji shi za su ji.

Batun halasci kuwa, a cikin wannan Suratul Ma'idar, aya ta 5, aka ce abincin waɗanda aka ba Littafi halal ne gare ku, naku ma halal ne gare su. Imamu Ahmad ya ruwaito daga Anas cewa wani Bayahude ya gayyaci Manzon Allah (SAW) cin gurasar sha'ir da kitsen da ya fara sauya wari, ya kuwa amsa. Abin da yake haram, kamar naman alade da giya, haram ne a kowane gida. Ka gaya wa abokinka tun kafin ranar, a fili ba kunya, don mahaifiyarsa ta san abin da za ta ɗora. Ta fi ka son kada ta sa ka a tsaka mai wuya. In kana shakkar yanka, kifi da kayan lambu sun raba gardama. In mahaifinsa ya yi addu'a kafin a fara, ka yi shiru cikin girmamawa, ka yi bisimillarka, ka ci. Ka ci sosai kuma, ban da tsakura kamar mai shan magani. Bayan nan sai ka rama ziyara: ka kai shi gidanku, ko in azumi ya zo ka kira shi buɗe-baki.

TAMBAYA: Hajiya, Allah ya ƙara girma. Wata ce ta rubuta mini wannan. Ni mai aikin gida ce, shekarata 6 a wurin mutanen nan. Masu alheri ne, ba su taɓa riƙe mini albashi ba, kuma duk mako ana ɗora babbar tukunya a kai wa mabuƙata. Ni nake dafawa. Amma kwanona dabam, kofina dabam, har an ɗaura masa zare don kada ya haɗu da nasu. Sai kowa ya tashi ake ce mini in kwashe ragowar, in ci a bayan ɗakin girki. Ba da yunwa nake kwana ba. Amma duk ranar da na ga zaren nan sai in ji wani abu ya tokare mini a wuya. Ko butulci ne yake damuna?
Daga mai aiki

AMSA: 'Yata, ba butulci ba ne. Sau uku na karanta wasiƙarki, kuma zaren nan ya tokare ni ni ma, saboda dalilin da zan faɗa a gaba.

Manzon Allah (SAW) ya yi magana a kanki, ke ɗin nan mai tsayuwa a gaban wuta. Abu Huraira ya ruwaito, yana cikin Sahihu Muslim, cewa idan mai yi wa ɗayanku hidima ya dafa abinci ya kawo, bayan shi ya sha zafinsa da hayaƙinsa, to ya zaunar da shi su ci tare. In abincin kaɗan ne, ya sa masa loma ɗaya ko biyu a hannu. Zafinsa da hayaƙinsa. An ga idon da ya yi ja, an ga gumin. Kuma zaunarwa aka fara ambata, lomar hannu ta ranar ƙaranci ce. An taɓa ganin sahabi Abu Zarri a garin Rabaza sanye da tufa iri ɗaya da ta bawansa. Da aka tambaye shi sai ya faɗi abin da Manzon Allah (SAW) ya gaya masa: masu yi muku hidima 'yan'uwanku ne, ku ciyar da su daga abin da kuke ci, ku tufatar da su daga abin da kuke sawa. Daga abin da kuke ci aka ce. Ragowa kuwa abin da kuka bari ne.

Bari in juya ga masu gida, don na san irinsu da yawa suna karanta filin nan, kuma ba mugaye ba ne. Tukunyarku ta mako sadaka ce, Allah ya karɓa. Amma aika abinci ya fi zama a ci sauƙi, nesa ba kusa ba. Mai aikawa yana nan a samansa, ba ya jin warin kowa, ba ya haɗa ido da kowa. Zama kuwa sauko da mutum yake yi. Shi ya sa duk jama'ar da ta yi da'awar 'yan'uwantaka, a gaban kwano ake gane ko da gaske take.

Kiristocin farko a birnin Korinti sukan taru su ci tare. Sai wasu suka riƙa cinye nasu ba su jira kowa ba, wani ya tashi da yunwa, wani ya bugu. Bulus ya rubuta musu, wajen shekara ta 55 miladiyya, cewa abin da suke ci ba Jibin Ubangiji ba ne, kunyata marasa shi suke yi. Umarninsa gajere: in kun taru cin abinci, ku jira juna. Cikin zarge-zargen da aka yi wa Yesu ma akwai cewa yana ci da masu karɓar haraji da masu zunubi. Da aika musu ya yi, da ba wanda ya ce uffan. Zaman ne ya tsone idon mutane.

A yankin Panjab, wanda yau ya rabu tsakanin Indiya da Pakistan, tsarin aji na gado ya hana na sama cin abin da na ƙasa ya taɓa. A can Guru Nanak, wanda aka haifa a 1469, ya kafa madafar kowa da kowa a Kartarpur, wadda mabiya addinin Sikh ke kira langar. Jagoransu na uku, Guru Amar Das, ya sa doka cewa duk mai son ganinsa sai ya fara zama a sahu a ƙasa ya ci da jama'a. Suna ba da labarin cewa Sarki Akbar da kansa sai da ya zauna a sahun. Har yau a babban wurin ibadarsu da ke Amritsar dubun-dubatar mutane ke ci kyauta kullum, a ƙasa, ba a tambayar addinin kowa, ba a kuma dafa nama don kada a sami wanda zai ce ba zai iya ci ba. Sun gane cewa wa'azi kaɗai ba ya tsinke zare.

Ga dalilin da na ce zan faɗa. Lokacin da nake aikin dare, ga ni da ƙananan yara, na ɗauki wata yarinya tana taya ni. Ni ma na ware mata kofi. Na gaya wa kaina tsabta ce, ai ni ma'aikaciyar lafiya ce. Wata rana ɗana, yana da shekara 5, ya ɗauki kofin zai sha ruwa, na fizge. Ya dube ni ya ce, "Mama, ba ta da lafiya ne?" Lafiyarta ƙalau. Wadda take dafa abin da muke ci, take yi wa 'ya'yana wanka, ita nake ƙyamar kofinta. Tana tsaye tana jin mu. A ranar na mayar da kofin cikin sauran, amma shekaru sun wuce kafin in iya buɗe baki in nemi gafararta, kuma har yau in na tuna fuskarta sai na yi istigfari.

Ke kuma 'yata, kada ki yi maganar ranar da ranki ya ɓaci, kada kuma a gaban yara ko baƙi. Ki sami uwar gida ita kaɗai, ki fara da alherinta, tunda akwai shi. Sannan ki roƙi abin da za ta iya yi gobe: a zuba naki lokacin da ake zuba na kowa, daga tukunya, da zafinsa, a kuma cire zaren. Wataƙila ke ma ba za ki sake ba in an ce ki zauna a tsakiyarsu, wannan zaɓinki ne. Kuskuren shi ne a zaɓa miki. Mutane da yawa gadon abin suka yi, ba su taɓa tsayawa sun dube shi ba, kamar yadda ban duba ba. In ta ji kunya ta gyara, kin yi mata alheri. In ta yi fushi, ki riƙe aikinki da mutuncinki har Allah ya kawo mafita, ki kuma san aibin ba a kofinki yake ba. Ki sake sa a rubuto mini in ji yadda kuka yi.

TAMBAYA: Gwaggo, ni magidanci ne, wata takwas ke nan aikina ya tsaya. Da gidana ba ya rabo da baƙi. Yanzu in na ji sallama lokacin cin abinci sai gabana ya faɗi, har nakan ce a rufe kwano sai an tafi. Abokaina sun fara ja da baya. Yaya zan yi?
Daga wani magidanci

AMSA: Ƙanena, Allah ya buɗa maka. Abokan naka rufe kwanon suka ji a jikinsu, suka ɗauka ba a son zuwansu. Ba su san kunya ce ba. Ai shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma, kai kuwa da tabarmar ta yi ƙaranci sai ka naɗe har da fuskar.

Nana A'isha ta ce iyalan Manzon Allah (SAW) ba su taɓa ƙoshi da gurasar sha'ir kwana biyu a jere ba har ya bar duniya. Walimar aurensa da Nana Safiyya, a hanyar dawowa daga Haibara, babu gurasa babu nama. Shimfiɗun fata aka baje, kowa ya kawo abin da yake da shi, dabino da cukwi da man shanu, aka haɗa aka ci. Ya kuma yabi Ash'ariyawa, mutanen Abu Musa, cewa in guzurinsu ya ƙare a fagen yaƙi, ko abincin iyalansu ya yi ƙaranci a Madina, sai su tara abin da ke hannunsu a mayafi ɗaya, su raba da mazubi ɗaya daidai wa daida. Ya ce su nasa ne, shi nasu ne.

To ka yi irin tasu. Ka zaɓi biyu daga abokan da ka fi yarda da su, ka gaya musu gaskiyar halin da kake ciki. Wa ya sani ko ɗayansu ma rufe nasa kwanon yake yi. Ku sa rana, kowa ya zo da abin da ya samu, a juye wuri ɗaya yadda ba za a gane na wa ya fi yawa ba. Amma kada ka ɗauke abincin bakin yaranka don fita kunyar baƙo ba tare da shawarar matarka ba. Wani sahabi mutumin Madina da aka kashe fitila a gidansa don baƙo ya ci ya ƙoshi ba tare da ya ga masu gida ba sa ci ba, tare da matarsa suka shirya abin. In kuwa sallama ta riske ku kuna ci, ka buɗe kwanon, ka matsa gefe, ka ce bisimilla. In romo ne, a ƙara masa ruwa, haka aka umarci Abu Zarri ya riƙa yi saboda maƙwabtansa.